Jami'a Ba Ɗakin Littattafai, Gona Ce Ba Rumbu

Yau na zo da magana, kuma ba mai daɗin ji ba ce. Wanda ta taɓa shi yi haƙuri, gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba.

Ga abin da ya tada ta. Ran wata Laraba bayan la'asar, muna cikin karatu a zauren da nake koyar da manya, sai ga wani saurayi bisa babur da jakar takardu. Ya yi sallama, ya gaida mutane da ladabi. Ya ce shi ɗalibin jami'a ne, yana shirya kundin digiri na biyu a kan ajiyar wake da ƙwarin da ke cinye shi. Yana so a amsa masa tambayoyi. Muka ba shi tabarma. Bai gama tambaya ta uku ba sai wani dattijo cikin ɗalibaina ya aje alli, ya ce: "Ɗana, kai ne na huɗu da ya zo mini da waɗanga tambayoyi. Ukun da suka riga ka, ina suka kai amsar da na ba su?" Yaron ya sunkuyar da kai, ya ce: "Wallahi Baba, ban san an riga ni ba."

Da aka watse na ja shi gefe. Ya ce mini ya nemi kundayen da aka rubuta kafin nasa. Ba ya samu jerin sunayensu ba. An ce masa suna cikin wani kabad, mai mabuɗin kuwa ya yi tafiya. Ya koma sau biyu, ya gaji, ya ari babur ya fito daji. Ban ga laifin yaron ba. Na ga laifinmu gaba ɗaya, mu da muka yarda a buɗe gona a manta da rumbu.

Wani zai ce: kai malamin yaƙi da jahilci, mi ya haɗa ka da jami'a? Ai kai aikinka a, ba, ca. Amsata ita ce, likitan da zai duba ɗalibaina, da malamin gona da zai ba su shawara, da wanda zai rubuta littafin da zan koyar da shi gobe, duk daga can suke fitowa. Ruwan da ya gurɓata a mafari, mu na ƙarshen kwari muke shan shi.

Bari in bayyana wa wanda bai sani ba. Karatun jami'a a tsarin da ake bi yanzu hawa uku ne: lisansi shekara 3, mastar shekara 2, doktora shekara 3 ko fiye. A hawan farko malami ke faɗi, ɗalibi yana rubutawa. Daga hawa na biyu abin ya sake. Ana so ɗalibi shi ɗauki tambaya guda wadda ba a gama amsawa ba, shi bi ta, shi rubuta kundi, shi tsaya gaban malamai shi kare abin da ya rubuta. To, ta yaya mutum zai san abin da ba a amsa ba, in bai san abin da aka amsa ba? Manomi ba ya shuka sai ya san inda iyakar gonar maƙwabci ta tsaya. Ɗakin littattafai shi ne mai nuna wa ɗalibi iyaka.

Aikin da ɗakin littattafai na gaske yake yi wa irin wanga ɗalibi, na ƙirga shi biyar.

Na farko, yana gaya masa abin da aka riga aka yi. Akwai jerin sunaye, wanda ake kira katalog: sunan marubuci, sunan littafi, shekara, abin da ya ƙunsa, da inda aka aje shi. Da a kan ƴan katuna ake rubutawa, yau a kwamfuta. In katalog ya cika, aikin wata uku sai ya koma na kwana uku. In babu shi, littafi dubu goma tarin takarda ne kawai, abincin gara.

Na biyu, yana samo masa abin da aljihunsa ba ya iya saye. Sabon ilimi ba cikin manyan littattafai yake fara fitowa ba, cikin mujallun masana yake fitowa, kuma da yawansu na kuɗi ne. Maƙala guda, shafi goma ko sha biyar, sau da yawa akan nemi dalar Amurka 30 ko 40 kafin a buɗe ta, watau wajen jika ashirin na kuɗinmu. Ɗalibin da ke bukatar maƙala hamsin, ina zai sami wanga kuɗi? Amma akwai ƙofa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta buɗe shirin Hinari a 2002 domin mujallun likitanci. Hukumar Abinci da Noma ta buɗe AGORA a 2003 domin mujallun noma. A 2006 aka ƙara OARE domin sha'anin muhalli. Dukansu an haɗe su ƙarƙashin suna guda, Research4Life, kuma ƙasashe matalauta irin tamu kyauta suke shiga. Sharaɗin shi ne, ba mutum ɗaya ke rajista ba, makaranta ko asibiti ko cibiyar bincike ke yi, kuma mai kula da littattafai ke riƙe da hanyar shiga, shi ke nuna wa ɗalibai. Inda ba a damu da shi ba, ƙofar tana buɗe, ɗalibai na zaune waje ba su sani ba.

Ku dubi maganar waken nan. Buhun nan mai riɓi uku da ake kira PICS, wanda ke toshe iska har ƙwari su mutu ba a zuba magani ba, tun 2007 aka fara watsa shi a Afirka ta Yamma. Jami'ar Purdue ta Amurka ta yi aikin tare da masu bincike na ƙasashenmu, har da na INRAN a Maraɗi. An auna, an gwada, an rubuta sakamakon cikin mujallun waje, da Turancin Ingilishi. Binciken da aka yi a ƙasarmu, da wakenmu, ga ɗanmu yana yawo bisa babur bai karanta shi ba. In wannan ba abin kunya ba ne, mi ne ne abin kunya?

Na uku, yana koya masa nema. Mutane na zaton mai kula da littattafai mai gadi ne, aikinsa karɓar jaka a bakin ƙofa da cewa a yi shiru. Wanga zato jahilci ne. Sana'a ce da ake koyo shekaru. Tun 1967 akwai makarantarta a jami'ar Dakar, wadda ake kira EBAD, inda ake horar da masu kula da littattafai da masu adana takardun tarihi na ƙasashe da yawa. Wanda ya koyi sana'ar ya san kalmomin da za a nema da su, ya san mujallar ƙwarai da ta ƴan damfara masu karɓar kuɗi su buga kowane shirme. Shi ke koya wa ɗalibi yadda ake faɗin inda aka ɗauko magana, don kada a kama shi da satar rubutu ranar kare kundi. Malami mai duba kundi yana da ɗalibai da yawa da darussa da tafiye-tafiye. Ba zai zauna da kowane ɗaya shi koya masa wannan ba.

Na huɗu, yana ba shi wurin zama. Kada ku raina wannan. Ɗalibin da ke kwana ɗaki guda da mutum huɗu ko shida, ga zafin bazara, ga ɗaukewar wuta, a ina zai tara hankalinsa? Ɗaliba mai goyo, wadda in ta koma gida tukunya ke jiranta, a ina za ta rubuta babi na uku? Tebur da kujera da fitila da fanka da shiru, su ma kayan bincike ne.

Na biyar, kuma shi ne babba a wurina, yana ajiye abin da ɗalibi ya noma. Kundin da aka kare aka jefa cikin kabad kamar gero ne da aka yanke aka bari a gona. An sha wahala, an kashe kuɗin iyaye da na ƙasa, tsuntsaye suka ci. Ɗakin littattafai ke karɓar kundi, shi ba shi lamba, shi sa shi a katalog, shi ɗauki hotonsa a kwamfuta, don na baya shi fara daga inda na gaba ya tsaya.

Yanzu bari in juya ga masu gardama, don na ji su, kuma wasunsu masu ilimi ne da manyan kujeru.

Na farkonsu yana cewa: zamani ya wuce ɗakin littattafai, kome yana cikin waya. Ina tambayarsa: wa ya sa shi cikin wayar? Abin da ke intanet, wani ne ya tara, ya jera, ya ɗauki hoto, ya biya kuɗin ajiya. Faransawa sun buɗe Gallica a 1997, suna zuba tsofaffin littattafansu ciki. Ɗakin littattafansu na ƙasa ne ya yi aikin. Mujallun Afirka da ake samu a AJOL tun 1998, mutane ne suka zauna suka tattara su. Kundin da ɗanmu ya rubuta kan rijiyoyin Dakoro ko kasuwar Mayahi ba zai hau intanet da ƙafarsa ba. In ba mu sa shi ba, babu mai sa shi. Kuma wayar nan, tana faɗin gaskiya tana faɗin ƙarya da murya guda. Na'urorin nan sababbi masu amsa tambaya sukan ƙago sunan littafi da sunan marubuci da shekara, a nema a tarar ba a taɓa rubuta shi ba. Yawan labari ya ƙara bukatar mai tantancewa ne. Kasuwa in ta cika, a lokacin ne baƙo ke neman dillali amintacce.

Na biyunsu yana cewa: ƙasa mai fama da yunwa da ƙishirwa, a bar maganar littattafai, a gina rijiya. Wannan ta fi ta farko nauyi, kuma ni da ke zaune ƙauye na fi shi sanin ƙishirwa. Amma rijiya a ina? Zurfin gaba nawa? Wace ƙasa ke riƙe ruwa, wace ke zubewa? An yi awo an rubuta, tun zamanin Turawa har yau. In rubutun ya ɓace sai a sake biyan wani masani daga waje, a ba shi masauki da mota, shi zo shi gano abin da aka gano shekara talatin da suka wuce. Kuɗin wanga baƙo na wata guda ya isa shi ɗauki ma'aikacin littattafai tsawon lokaci. Mai cewa ba shi da kuɗin rumbu, baɗi zai sayi hatsinsa da tsada a hannun wanda ya ajiye.

Na ukunsu ba ya magana, aiki yake yi. Shi ne wanda in kuɗi ya zo, katanga da babbar ƙofa da ofishi mai sanyi ke fara zuwa masa a rai, littafi sai abin da ya rage. Shi ne mai murna in wata ƙungiya ta aiko kwali hamsin na littattafan da masu su suka gaji da su, a ɗauki hoto, a yi jawabi. Littafin likitanci mai shekara arba'in ba kyauta ba ce, juji ne aka sauke mana. A tambayi malamai da ɗalibai abin da suke bukata, a saya, ko da kaɗan ne.

Mu tuna, ba daga babu muka fara ba. An kafa cibiyar karatun gaba da sakandare a Yamai a 1971, ta zama jami'a a 1973, aka sa mata sunan marigayi Abdu Mumuni a 1992. A 2010 aka kafa jami'o'in Maraɗi da Tawa da Damagaram. A 2014 aka ƙara na Agadas da Difa da Doso da Tilaberi. Gonaki sun yawaita, alhamdu lillahi. Kowace gona tana bukatar rumbunta.

Ku dubi sunayen da aka ba biyu daga cikinsu. Ta Damagaram tana ɗauke da sunan Andire Salifu, ta Tawa tana ɗauke da sunan Jibo Hamani. Da mi muka san waɗanga mutane? Da bincikensu. Aikin Salifu kan sarautar Damagaram a ƙarni na 19 ya fito a 1971. Aikin Hamani kan tarihin Adar kafin zuwan Turawa ya fito a 1975. An buga su cikin jerin littattafan nan na Études nigériennes, aka ajiye, shi ya sa har yau ɗalibi ke iya buɗewa shi karanta, shi yarda ko shi yi gardama. Da an jefa su cikin kabad an tafi da mabuɗi, wa zai san su? Cikin yaran da ke kare kundi bana akwai irinsu. Mu ne za mu sa a san su ko a manta da su.

Haka marigayi Bubu Hama. Yana shugaban Majalisar Dokoki, bai ce tara takardu ya yi masa ƙanƙanta ba. Ya sa an bi malamai gari gari ana neman tsofaffin rubuce-rubuce na Larabci da ajami. Abin da ya fara shi ne tushen taskar da ke cibiyar IRSH a Yamai, wadda ta kai rubutun hannu wajen 4000. A Yamai ɗin dai aka kafa cibiyar tattara tarihin baka a 1968, wadda aka sani da CELHTO. A shekarar ce kuma, a garin, shugabannin ƙasashe suka kafa CAMES, hukumar da ke duba darajar malaman jami'a na ƙasashenmu, mai mazauni a Wagadugu. Magabatanmu sun san darajar ajiya, alhali ba su da kwamfuta ba su da intanet. Mu da muke da su, mi ne uzurinmu?

Akwai kuma abin da ba ya hannunmu. Takardun babban gwamnan Afirka ta Yamma na zamanin mulkin mallaka suna Dakar, wasu takardun suna garin Ekis a kudancin Faransa. Ɗalibin tarihi daga Tasawa ba shi da kuɗin jirgi. Ɗakin littattafai mai rai shi ke rubuta wa takwaransa na can, a yi musanya, a aiko hoton takarda. Gida da gida ke irin wagga magana, ɗalibi shi kaɗai ba a amsa masa.

Don kada a ce na ɗora wa manya duk laifi, ga rabon saura. Malamin da ya ari littafi ya kai gida shekara uku, ya mai da na jama'a nasa, ya ci amana. Ɗalibin da ya yage shafi don kada ɗan'uwansa shi samu, ɓarawo ne, ko da gobe an kira shi dokta. Ma'aikacin da ke rufe ƙofa kafin lokaci, yana kallon mai tambaya kamar ya zo roƙo, shi ma ya taimaka wajen kashe gidan da ke ciyar da shi.

To mi nake nema? Ba abin da ya fi ƙarfinmu.

Kada a ba kowa takardar mastar ko doktora sai ya kai kundinsa ɗakin littattafai, na takarda da na kwamfuta, an ba shi shaida.

Jami'o'in ƙasa su haɗa katalog guda, wanda ke Difa shi ga abin da aka rubuta a Tawa ba sai ya hau mota ba.

A ware wa littattafai da mujallu kasonsu cikin kuɗin kowace shekara, a rubuce, kada a taɓa shi don biki ko sayen mota.

A ɗauki waɗanda suka koyi sana'ar, a girmama su. Ɗakin littattafai ba wurin jefa ma'aikacin da aka rasa inda za a kai shi ba ne.

Kowane ɗalibin mastar, a watansa na farko, a zaunar da shi a koya masa nema da hanyar shiga mujallun nan na kyauta.

A buɗe da dare da ranakun hutu, a sa wutar hasken rana. Abdu Mumuni ya yi rayuwarsa yana binciken ƙarfin rana, ya shugabanci ofishin ONERSOL shekaru da yawa. Bai kamata ɗalibi a ƙasarsa shi rufe littafi don wuta ta ɗauke ba.

Na ƙarshe ya shafe mu kai tsaye. Kowane kundi da aka yi a kan mutanen karkara, a rubuta taƙaitawarsa shafi biyu da harshen mutanen da aka yi wa tambaya: Hausa, Zabarmanci, Fulatanci, Tamashek, Barbarci da sauransu. A aje guda a jami'a, a aiko guda ga ma'aikatar yaƙi da jahilci, mu karanta a zaure. Tun 1963 ake koya wa manya karatu a ƙasar nan, kuma babban ciwonmu shi ne wanda ya koya ba ya samun abin karantawa, sai karatun ya zube. A 2025 dokar ƙasa ta ce Hausa ce harshen ƙasa. Harshe ba ya girma da doka kaɗai, sai an rubuta ilimi da shi, an ajiye. Mu ma muna da abin ba su: tsofaffin jaridunmu irin su Ganga da Sabon Ra'ayi, da littattafan koyarwa da aka buga shekara da shekaru, su ma wurinsu ɗakin littattafan jami'a, kafin gara ta gama da su.

Yaron nan na ba shi masauki ya kwana. Da safe dattijon ya zo da kansa, ya amsa masa tambayoyinsa duka, har ya kai shi ya ga inda yake aje wakensa. Da za su rabu ya ce masa: "Ɗana, na ba ka, amma da sharaɗi. In ka gama ka aje shi inda na biyar zai gani. Kuma ka aiko wa malam namu, yanzu na iya karatu." Yaron ya ce in Allah ya yarda. Alkawari ya ɗauka, amma cika shi ba a hannunsa kaɗai yake ba. Yana hannun masu riƙe da mabuɗi.

Wanda ke da amsa, ko mai kula da littattafai ne, ko malamin jami'a, ko ɗalibi, shi rubuto wa jaridar nan, za mu karanta a zaure da babbar murya. Allah shi ba mu ikon ajiye abin da muka noma, amin.